Layin da Discord Ke Rubutawa a Ƙarƙashin Sunan Mutum

Duk wanda ya taɓa buɗe manhajar hira da ake kira Discord a kan kwamfuta, ya kuma dubi jerin sunayen da ke gefen dama na allo, lalle ya ga wani ɗan layi na ƙananan haruffa a ƙarƙashin sunayen waɗansu mutane, yana faɗin cewa wane yana buga Fortnite, wane yana cikin Minecraft, wance kuwa tana sauraron waƙa kaza ta mawaƙi kaza; in kuwa ya danna ɗaya daga cikin sunayen, sai wani ɗan kati ya buɗe, ga hoton wasan, ga kuma agogo yana ƙirga sa'o'i da mintoci da daƙiƙoƙin da mutumin ya yi a ciki, yana ta tafiya a gaban idon mai kallo. Abin da ya kamata mai karatu ya fara sani shi ne, galibin mutanen nan ba su rubuta wannan layi da hannunsu ba, ba a kuma tambaye su ba kafin a rubuta shi. Manhajar ce ta leƙa, ta ga abin da ke gudana a cikin kwamfutar, ta sanar wa jama'a, domin haka aka saita ta tun asali, haka kuma za ta ci gaba da yi har ranar da mai ita ya nemo maɓallin ya kashe.

Wannan ɗabi'a ta girmi Discord da shekaru masu dama. Tun a 1997, sa'ad da kamfanin AOL na Amurka ya fito da manhajarsa ta aika saƙon nan take, mutane suka saba da jerin abokai mai nuna wanda ke kan layi da wanda ya tashi. Sa'an nan a 2004 wata manhaja mai suna Xfire ta ƙara taki guda, ta riƙa nuna wasan da kowane aboki yake bugawa, don in mutum ya ga dama ya bi shi can da dannawa ɗaya, abin kuwa ya karɓu ƙwarai, har kamfanin Viacom ya saye ta a 2006 a kan dala miliyan 102. Jason Citron da Stanislav Vishnevskiy, waɗanda suka fito da Discord a watan Mayu na 2015, a cikin wannan al'ada suka tashi. Citron ya riga ya sayar da wani dandali na wasannin waya mai suna OpenFeint ga kamfanin GREE na Japan a 2011 a kan dala miliyan 104, sabon kamfaninsu kuma da ƙirar wasa ya soma, wani mai suna Fates Forever wanda bai yi kasuwa ba, kafin su juya ga matsalar da su da kansu suke fama da ita, watau yadda 'yan wasa za su riƙa magana da juna a tsakiyar fafatawa ba tare da nauyin Skype ko wahalar TeamSpeak ba.

To, a tsakanin abokai biyar ko goma waɗanda wasa ne ya haɗa su, layin nan fa'ida ce zalla, kuma adalci ya wajabta a faɗi haka tun kafin a shiga lissafin illolinsa. Wanda ya dawo gida da dare ya ga abokansa uku suna cikin wasa ɗaya, ba ya bukatar kiran kowa ko tambayar kowa, shiga kawai zai yi. Wanda kuma ya ga abokinsa yana tsakiyar gumurzu ya san ba lokacin damunsa da saƙo ba ne. Domin haka kamfanin ya yi ta faɗaɗa abin. A 2017 ya ba masu ƙirar wasanni hanyar da wasan da kansa zai riƙa aiko da ƙarin bayani, kamar filin da mutum yake, da matakin da ya kai, da yawan waɗanda ke tare da shi, da ko akwai sauran gurbi ga mai son shiga. A 2018 aka haɗa shi da Spotify, ya zamana ana ganin sunan waƙa da mawaƙinta da inda ta kai, aka kuma haɗa shi da Xbox a shekarar. A farkon 2022 na PlayStation ya biyo baya, bayan kamfanin Sony ya sayi ɗan hannun jari a Discord a 2021. Daga baya aka ƙara nuna wasannin da mutum ya buga a kwanakin baya, ya zama har wanda bai kama ka a kai ba yana iya zuwa daga baya ya karanta.

Yadda manhajar take gane wasan ba wani sihiri ba ne. Wadda aka saukar a kan kwamfuta tana iya ganin jerin shirye-shiryen da ke gudana a kan na'urar, tana kuma da nata kundin sunayen wasannin da aka sani. Da ta ga suna a nan ya dace da suna a can, sai ta rubuta layin ta tada agogo. Wanda ya shiga Discord ta burauza bai cika gamuwa da wannan ba, saboda burauza ba ta ba shafin intanet ikon leƙa sauran shirye-shiryen kwamfuta, haka nan mai buga wasa a waya galibi abin bai shafe shi kai tsaye ba, sai fa in ya haɗa asusunsa da Spotify ko Xbox ko PlayStation, domin waɗannan daga can suke aiko da labari ko da kwamfutarsa tana rufe. Akwai ma masu rubuta manhajoji da ke ɗora wani ɗan ƙari a kan Visual Studio Code, manhajar da suke rubutun a cikinta, da gangan, don ya riƙa nuna sunan fayil ɗin da suke aiki a kai, abin da ake yi don ado da nuna himma, amma wanda kan fitar da sunan aikin da mai shi bai so a sani ba tukuna.

Inda al'amarin ya sauya shi ne 2020. Da annobar korona ta tsare mutane a gidajensu, sai malaman makaranta da ɗalibai da ƙungiyoyin karatu da ƙananan kamfanoni suka kwararo cikin manhajar, har kamfanin ya ajiye kirarinsa na dā mai cewa shi wurin hirar 'yan wasa ne, ya ɗauki wani mai cewa wurin hira ne na kowa da kowa; a 2021 ya ce masu amfani da shi a kowane wata sun kai miliyan 150, a shekarar kuma aka yi ta ba da labarin cinikin da Microsoft ya nema a kan kimanin dala biliyan 10, wanda bai tabbata ba. Zaurukan hirar da ke cikin manhajar, waɗanda a dā ba su wuce abokai goma ba, suka zama garuruwa, har zauren Midjourney, mai haɗa hotuna da ƙirƙirarriyar basira, ya haura mambobi miliyan 15. Matasanmu da yawa ma ta irin waɗannan ƙofofi suka shiga, wani don koyon rubuta manhaja, wani don harkar kuɗin kirifto, wani don aikin da yake yi wa kamfanin ƙetare daga ɗakinsa, ba tare da wasa ya zo cikin lissafinsu ba ko kaɗan. Amma asusu ɗaya ne mutum yake shiga duk zaurukan nan da shi, layin da aka ƙirƙiro don abokan wasa kuwa yana biye da sunansa duk inda ya sa ƙafa, ga shugabansa a wurin aiki, ga malaminsa, ga kuma dubban baƙin da bai taɓa musayar kalma da su ba. Misalinsa kamar yaron gida ne da ya zauna a bakin ƙofa, duk wanda ya gifta, ko an tambaye shi ko ba a tambaye shi ba, sai ya ce maigida yana ciki yana dara, tun azahar ya fara, bai kuma tashi ba har yanzu.

Kuma yaron nan ba kullum yake faɗin gaskiya ba, wannan kuwa ita ce illar da aka fi mantawa da ita. Agogon yana ƙirga tsawon lokacin da wasan yake buɗe ne, ba shi da hanyar sanin ko akwai mutum a kan kujera. Mu ƙaddara wani ɗalibi da ke zaure ɗaya da wansa, wanda shi ke biya masa kuɗin makaranta. Ya buɗe wasa bayan la'asar, ya yi rabin sa'a, aka kira magariba ya tashi ya bar kwamfutar yadda take, daga masallaci ya wuce ya ci abinci, ya ɗauko littafinsa ya zauna a tsakar gida. Can bayan isha'i sai saƙo ya shigo wayarsa: "Ƙanena, ashe jarrabawar da ka ce kana shiri ke nan? Sa'a huɗu ina ganinka a kan wasan nan." Shi kuwa ya amsa, "Wallahi Yaya, barinsa na yi a buɗe, littafi ne a hannuna yanzu haka." Gaskiya ya faɗa, amma wan nasa yana da agogo a gabansa mai nuna sa'a huɗu da minti goma sha ɗaya, ɗan Adam kuwa ya fi saurin gaskata lamba a kan rantsuwa. Shaida ce wadda ba ta ga komai ba, ba a rantsar da ita ba, ba a kuma iya yi mata tambaya, duk da haka ana yanke hukunci da ita a gidaje da wuraren aiki.

Akwai kuma abin da ya fi zargin ɗan'uwa nauyi. Wanda ya zauna yana lura da layin wani na mako biyu zai san lokacin da yake kwanciya da lokacin da yake tashi, da ranakun da ba ya zuwa aiki, da irin waƙar da yake ji in ransa ya ɓaci; mata 'yan wasa, waɗanda tun dā suke kokawa da masu bibiya da masu naci, su suka fi kowa sanin abin da ake nufi da a ce wani ya san kana zaune a gaban allo a daidai wannan minti. Ba kuma lalle sai mutum ne zai zauna yana lura ba. A watan Afrilu na 2024 aka bankaɗo wani shafi mai suna Spy.pet, wanda ya cusa asusun bogi a cikin dubban zauruka na kowa da kowa, yana kwasar saƙonnin mutane da zirga-zirgarsu yana sayarwa ga duk mai biya, yana kuma iƙirarin ya tara saƙonni fiye da biliyan 4 daga zauruka kimanin 14,000, kafin Discord ya kori asusun nasa shafin kuma ya rufe. Darasin da ke ciki a fili yake: abin da aka nuna wa mambobin babban zaure, an nuna wa duk wata na'ura da ta shigo da rigar mamba.

Hujjar da kamfanoni suka saba kawowa a irin wannan muƙami ita ce maɓallin yana nan, ba a ɓoye shi ba, wanda bai so ba sai ya kashe, wanda bai kashe ba kuwa ya yarda ke nan. A ganina wannan hujja ba ta tsayawa, malaman usulul fiƙihu kuma sun daɗe da warware irinta, da ƙa'idar nan da ake danganta wa Imamu Shafi'i, cewa ba a jingina wa wanda ya yi shiru maganar da bai faɗa ba. Ko a wurin da shari'a ta karɓi shiru a matsayin izini, kamar shirun budurwa a batun aurenta saboda kunya, sai da aka fara zuwa aka tambaye ta, ta ji, ta san abin da ake nufi, sa'an nan shirun nata ya zama magana. Shirun wanda ba a tambaya ba, wanda bai ma san akwai abin tambaya ba, ba ya ɗauke da yarda ko ƙi, jahilci ne kawai na halin da aka sa shi a ciki. Wanda kuwa ya gina izini a kan jahilcin abokin mu'amalarsa, ko da doka ta ƙyale shi, bai fita daga zargi ba.

Masu ƙirar manhajoji kuwa sun san ƙarfin wannan shiru fiye da kowa, domin an auna shi. A 2003 waɗansu masana biyu, Eric Johnson da Daniel Goldstein, suka buga bincike a mujallar Science a kan ba da gaɓoɓin jiki bayan mutuwa a ƙasashen Turai, suka nuna cewa a Jamus, inda sai mutum ya sa hannu kafin a lissafa shi cikin masu bayarwa, kashi 12 cikin ɗari ne suka shiga, alhali a Ostiriya, maƙwabciyarta mai harshe ɗaya da ita, inda ake lissafa kowa sai wanda ya ce a cire shi, adadin ya kusa kashi 100. Ba wai zuciyar mutanen ƙasar nan ta fi ta waccan taushi ba ne. Abin da aka tarar an saita, shi akasarin mutane suke bari. Saboda haka wanda ya zaɓi yadda maɓalli zai kasance ranar farko, haƙiƙa shi ya zaɓa wa mafi yawan jama'a, kuma ba a rasa maslahar kamfani a cikin zaɓin: duk layin da ya ce wane yana buga wasa kaza talla ce ta kyauta ga wasan, daga bakin aboki, sa'an nan dalili ne da zai sa wani ya buɗe manhajar ya daɗe a ciki.

An sha yin wannan rigima a wurare dabam-dabam, kuma sau da yawa kamfanonin ne suka ja da baya. A ƙarshen 2007 Facebook ya fito da wani tsari mai suna Beacon, mai sanar wa abokan mutum abin da ya saya a waɗansu shagunan intanet, har wani bawan Allah da ya sayi zobe don ya ba matarsa mamaki ya tarar labari ya riga shi isa gare ta. Mark Zuckerberg, shugaban kamfanin, ya nemi afuwa, aka rufe tsarin a 2009, kamfanin kuma ya biya dala miliyan 9.5 don sasanta ƙarar da aka shigar. Mafi kusa da batunmu shi ne abin da kamfanin Valve ya yi a watan Afrilu na 2018, makonni kaɗan bayan tonon sililin Cambridge Analytica kan bayanan masu amfani da Facebook, ana kuma gab da fara aiki da dokar kare bayanai ta Tarayyar Turai a ranar 25 ga Mayu: ya mai da jerin wasannin da mutum ya mallaka a dandalinsa na Steam da sa'o'in da ya yi a kansu abin da abokansa kaɗai ke gani, sai in shi ya buɗe. Nan take Sergey Galyonkin, mai shafin Steam Spy, wanda ya dogara da waɗannan bayanai wajen ƙiyasta cinikin wasanni, ya ce aikinsa ba zai yiwu yadda yake a dā ba, abin da ya nuna irin dukiyar da ke kwance a cikin bayanan da masu su ba su san a buɗe suke ba. A watan Disamba na 2022 kuma hukumar kula da ciniki ta tarayyar Amurka ta sa Epic Games, mai Fortnite, biyan dala miliyan 520, cikin sharuɗɗan har da cewa hirar murya da ta rubutu su kasance a kashe ga yara da matasa tun asali.

Shi kansa Discord an taɓa kama shi da laifi mai kama da wannan. A watan Nuwamba na 2022 hukumar kare bayanai ta Faransa, CNIL, ta ci shi tarar yuro 800,000, kuma ɗaya daga cikin dalilan ya cancanci a tsaya a kansa: a kan kwamfuta mai Windows, in mutum yana cikin ɗakin murya ya danna alamar rufewa da ke kusurwar sama, wadda a yawancin manhajoji take nufin an fita, Discord ba ya fita, komawa baya kawai yake yi ya ci gaba da aiki, makirufo a buɗe, mutanen ɗakin suna jin abin da ake faɗa a gidan wanda ya ɗauka ya riga ya tafi. Hukumar ta ce wannan ya saɓa wa sashe na 25 na dokar Turai, wanda ya wajabta kare bayanan mutum tun daga saitin asali, kamfanin kuma ya gyara ta hanyar fito da gargaɗi. Ban ce layin wasa da buɗaɗɗen makirufo nauyinsu ɗaya ba ne, amma tushensu ɗaya: manhaja tana magana da yawun mutum a lokacin da shi yake zaton ya yi shiru.

Kashe layin wasan kansa ba ya cin minti biyu. A kan kwamfuta, a kusurwar ƙasa ta hagu, kusa da sunan mutum da alamar makirufo, akwai wata 'yar alama mai kamar ƙafar inji mai haƙora, wadda ke buɗe saituna. A cikin jerin da zai fito, can wajen ƙasa, akwai sashen sirrin ayyuka, maɓallin farko a cikinsa kuwa shi ne na nuna wa mutane abin da manhajar ta gano kana yi. In aka kashe shi, layin ya ɓace daga ko'ina, wasa da waƙa duka. Kamfanin yakan sauya lafazin rubutun da wurin da sashen yake daga lokaci zuwa lokaci, rubutun kuma da Turanci yake ko wani harshen ƙetare, tun da ba a fassara manhajar da Hausa ba, amma ma'anar ba ta sauyawa, a waya ma ana samun maɓallin a cikin saituna. Wani abin lura shi ne, Discord ba ya rama wa mai ɓoyewa, saɓanin WhatsApp, inda wanda ya ɓoye lokacin da aka gan shi na ƙarshe shi ma ake hana shi ganin na mutane. A nan mutum yana iya rufe nasa ya ci gaba da ganin na kowa.

Sai dai ba kowa ne yake son rufewa ɗungurungum ba, ni ma ban ga dalilin da zai sa mai abokan wasa na gaskiya ya yanke wa kansa wannan jin daɗi ba. Ga irinsa akwai hanyoyi masu taushi. Kowane zaure yana da nasa saitin sirri, wanda ake samu in an danna sunan zauren a sama, a ciki kuma ana iya kashe layin ga wannan zaure kaɗai, ya zama abokan unguwa suna gani, mutanen ofis ba sa gani. Akwai kuma zaɓin da ke hana nuna ayyukan mutum kai tsaye a duk babban zauren da ya shiga nan gaba, babba kuwa a lissafinsu shi ne wanda ya wuce mutum 200, wannan ne ma na fi ba da shawara a fara da shi, domin a manyan zauruka ne baƙi suke. Sa'an nan akwai sashen wasannin da aka yi wa rajista, inda manhajar ta jera duk abin da ta taɓa ganowa, ana kuma iya ɓoye wasa ɗaya a bar saura. Ko ba don komai ba, ya kamata mutum ya leƙa jerin nan sau ɗaya, don ya ga da idonsa abin da aka sani game da shi. Yanayin ɓuya, wanda ke nuna mutum kamar ba ya kan layi, shi ma yana ɗauke layin, amma ba ya ɓoye wanda ya rubuta saƙo ko ya shiga ɗakin murya. Ga yaro kuwa, tun da manhajar tana karɓar ɗan shekara 13, ra'ayina shi ne uba ko wa ya zauna tare da shi su kashe gaba ɗaya, a kuma bayyana masa dalili, kada ya ɗauka horo ne.

Na san akwai mai cewa wanda ba shi da abin kunya ba ya ɓoyewa, kuma saurayin da ya kashe layinsa wataƙila so yake ya yi wa iyayensa ko shugabansa ƙarya. Ana samun haka, ba na musu. Amma mai ƙarya zunubinsa yana wuyansa ko layi na kunne ko yana kashe, sutura kuwa ba don masu laifi kaɗai aka shar'anta ta ba. Addinin da ya yi umarni da neman izini kafin shiga gidan wani a cikin Suratun Nur, ya kuma hana tajassusi da mummunan zato a aya ta 12 ta Suratul Hujurat, bai sharɗanta cewa sai mai gidan yana aikata alfasha ba. Mutum yana cin tuwonsa na halal a ɗakinsa, duk da haka ba a faɗo masa ba sallama. Wannan nauyi kuwa yana kan mai kallo kamar yadda yake kan kamfani. Ganin layin da ya faɗo a idonka ba laifi ba ne, amma komawa kana dubawa sa'a bayan sa'a, kana lissafa wa ɗan'uwanka ko ma'aikacinka mintocin hutunsa, wannan bibiya ce ko da manhaja ce ta sauƙaƙe ta.

Saura ƙofofi biyu da maɓallin nan ba ya rufewa. Ta farko, asusun da mutum ya haɗa, irin su Steam da Xbox da PlayStation, kowanne yana da nasa jerin abokai da nasa layin a can gidansa, wanda Discord ba shi da iko a kai. In kuma an bar sunan asusun yana bayyana a katin mutum, mai son bibiya zai danna ya bi shi can ya karanta abin da aka ɓoye a nan, saboda haka sai an shiga sashen haɗe-haɗe an cire su daga kati, an kuma je kowane gida an gyara nasa. Ta biyu ita ce kamfanin da kansa. Maɓallin yana magana ne a kan abin da ake nuna wa mutane, abin da kamfani yake tarawa kuwa wani babi ne dabam, a sashen bayanai da sirri, inda akwai maɓallan da suka shafi amfani da bayanan mutum don inganta manhajar da kuma don zaɓo masa abin da za a nuna masa. Wannan babi ya ƙara nauyi tun daga 2024, sa'ad da Discord, wanda ya daɗe yana dogara da kuɗin masu biyan tsarinsa na musamman mai suna Nitro, ya shigo da tallace-tallacen da ya kira Quests, inda kamfanonin wasanni ke ba da tukuici ga wanda ya buga wasansu ko ya nuna wa abokansa shi kai tsaye. A ƙasan wannan sashe akwai wurin da mutum zai nemi a aiko masa da kwafin dukan bayanan da aka ajiye a kansa, saƙonninsa da zaurukan da ya shiga da tarihin ayyukansa, kamfanin kuma ya ce yakan ɗauki har kwana 30 kafin su iso ta imel.